Teta Subhiya da Farin Gurbin Darduma

Kafin masu gidan burodi su fitar da tire na biyu, Teta Subhiya, wato Goggo Subhiya a bakinmu, ta riga ta hau benenta. A hankali take hawa, hannu ɗaya a kan ƙarfen matakala, ɗayan riƙe da 'yar jaka mai guntun burek, gasasshen ƙullin fulawa mai nama a ciki, da za ta ci da rana. In ta buɗe ɗakin ba ta kunna komai tukuna. Taga take fara dubawa ko a rufe take, don hayaƙin masana'antar ƙarfe ta garinmu Zenica bai raga wa huhu ba balle zaren kaset. Sai ta wanke hannu, ta ɗora gahawa, ta ɗauki tsinke mai auduga ta bi rikodojinta ɗaya bayan ɗaya tana goge ɗan harshen ƙarfen nan da ke lasar zare yana karanta shi. Gahawar takan huce kafin ta tuna da ita. Daga nan ta sa abin sauraro a kunne, ta danna, ta rufe ido.

Shagon waldata a ƙarƙashin ɗakinta yake, bututun ruwan ɗumama gida ɗaya ya ratsa mu. In ta iso inda take son shiru sai ta ƙwanƙwasa bututun da cokali, ni kuma in kashe injin yanka. Ranar da ta fara yi mini haka, da faɗa na hau.

"Wane ne ke buga mini ƙarfe a ka?"

"Ni ce, makwabci," in ji ta, ko waiwayowa ba ta yi ba. "Wani yaro ke magana tun shekarar tamanin da shida, kai kuma ka hana a ji shi."

Ta miƙo mini abin sauraron. Wallahi injina ya fi abin da na ji daɗin murya. Ƙara ce kamar ana yanka kwano da zarto.

"Wannan ne yaron? A kai shi asibiti."

"Kai ma da za a naɗi muryarka da safe ba za ta fi haka ba. Sauka ka ba ni rabin awa."

Na sauka na ba ta. Tun daga ranar nake ba ta.

Makaranta ba ta riƙe ni ba, daɗin baki kuma ban gada ba. Amma a watan nan Subhiya Karalić za ta rufe ɗakin. Kunnenta na hagu ya daina kama siririyar murya, na dama yana bin sahu. Ba wanda zai tara jama'a ya yi mata jawabi. To abin da ido ya gani, baki zai faɗa.

Yaran yanzu sai an yi musu dalla-dalla. Ƙananan kwamfutocin da kawunnanmu suka riƙa shigowa da su daga Jamus a ɓoye, ƙarƙashin kujerar bas ko cikin kwalin garin sabulu, ba su da riƙo. Ka wuni kana rubuta abu, a ɗauke wuta, ya tafi. Dabarar ita ce a jona kwamfutar da rikoda, ta mayar da abin da ke cikinta ƙara, a naɗa a irin kaset ɗin da ake naɗar waƙa. Ƙarar iri biyu ce kawai, gajera da doguwa, suna bin juna da gudun da kunne ba ya rabewa. In kana son abinka sai ka kunna mata kaset ɗin ta saurara ta tuna. In gajera ɗaya ta zame ta yi kama da doguwa, shi ke nan, sai ta ce ba ta san zancen ba.

A wancan zamanin Subhiya tana ɗakin kaset na gidan rediyon garin. Ran Asabar da rana ita ke sako wa yara irin wannan ƙarar ta iska, kowa a gidansu ya danna naɗa. Kafin ta sako takan sa a yi sanarwa: "Iyaye mata, rediyonku bai lalace ba, kada a mare shi." Yaƙi ya zo ya tafi da abin da ya tafi da shi. Da aka samu lafawa, yaran nan, waɗanda suka saura, sun girma sun watsu a duniya. Kwamfutocin sun ƙone ko sun ruɓe a ɗakunan ƙarƙashin ƙasa. Kaset-kaset ɗin ne suka rage a cikin kwalayen takalmi, ba mai jin yarensu. Wani ya tuna da matar ɗakin kaset ya nemo ta. Daga shi sai wani.

Na ga an kawo mata kaset daga ɗakin da ambaliya ta cika, zaren ya manne da laka ya yi fumfuna. Ta warware shi da fensir, ta wanke, ta shanya a igiya daga bango zuwa bango kamar mai shanyar taliya, ta hana kowa buɗe ƙofa har ya bushe. Abin da ya fito wasan tseren mota ne da mai kaset ɗin ya ƙirƙira yana ɗan yaro. Mutum da sanƙonsa da tumbinsa ya zauna a kujerarta yana wasan yana jan hanci. Na kuma ga wani ya kawo kaset ɗin ƙaninsa da bai dawo daga yaƙi ba, yana cewa tabbas aikin hannun marigayin ne a ciki. Ta buɗe ta tarar wasa ne na kasuwa, wanda kowane yaro ya kwafa a lokacin. Ta gaya masa haka. Ya tashi ya bugo ƙofa.

Na ce mata, "Teta, da kin ce masa na ƙaninsa ne, me zai ragu a jikinki?"

Ta ce, "Ƙanin nake yi wa aiki, ba shi ba."

Da kaka mutumin ya aiko mata da kwandon tuffa, ba saƙo ba gaisuwa. Ta raba mana.

Ke ce, Teta, kika koya mini cewa ba rikoda biyu da harshensu ya zauna daidai. Kowane yaro a lokacin yana da ɗan sukundireba a gefen rikodarsa, yana murɗa notin harshen har kwamfuta ta yarda, sannan ya ɗiga masa jan farcen yayarsa don kada ya motsa. Saboda haka kowane kaset yana ɗauke da karkatar gidansu. Kika ce mai son ya ji shi sai ya karkata kamar yadda gidan ya karkata; in ya tsaya ƙyam yana taƙama da daidai, hayaniya kawai zai ji. Ni na ɗauka zancen rikoda kike yi.

Bara, da ganye ya fara zuba, wata mota mai lambar Suwidin ta tsaya a ƙofar shagona. Wani ƙato mai furfura a gemu ya fito rungume da rikoda mai rediyo, tana ƙyalli kamar yau aka saye ta. Bayansa wata tsohuwa, ɗankwali a ɗaure ƙarƙashin haɓa, yatsunta sun lanƙwashe kamar saiwar citta. Nedim ke nan, direban bas a birnin Malmo na Suwidin, da mahaifiyarsa Nana Mevlida, mutanen ƙauyen Javorak ta bayan dutse. Ni na riƙe tsohuwar muka hau benen, shi ya sa na ji da kunnena.

Zancen darduma ne ya kawo su. Masallacin Javorak yana da babbar darduma saƙar hannu, aikin matan ƙauyen tun kakanni, adonta babu irinsa a wani ƙauye. A shekarar tamanin da tara ta tsufa ta fara yagewa, matan suka yi niyyar saƙa sabuwa irinta. Lokacin Nedim yana makaranta, kawunsa ya kawo masa kwamfuta. Ya shafe sanyin shekarar a durƙushe a masallaci yana ƙirga dardumar gida-gida kamar dara, ya koma ya shigar, kowane launi da lambarsa, ya naɗa a kaset. Ba a kai ga saƙar ba. Ranar da suka gudu daga yaƙi uwar ta ɗauki rikodar don jin labarai, kaset ɗin yana cikinta. Kwamfutar ta ƙone da gidan. Dardumar ta ƙone da masallacin.

An sake gina masallacin, an shimfiɗa masa kafet na kamfani da wasu bayin Allah suka aiko. Matan da suka san waccan saƙar kuwa sun ƙare, saura Nana Mevlida.

"Dubi hannuwan nan, ƙanwata," in ji ta, ta ɗora su a kan tebur. "Sanyi ɗaya ya rage a cikinsu, ban ce biyu ba. In dusar ƙanƙara ta sauka ban kafa zare ba, dardumar Javorak ta tafi ke nan. Launukan na riƙe su. Ƙirgar ce ta gudu ta bar ni."

"Kada ki damu, Teta," in ji Nedim da fara'arsa. "Na rage miki aiki. Na kai rikodar wajen mai gyara a can. Ya canza roba, ya miƙe harshen, har ƙofar kaset da ta karye ya gyara. Sabuwa fil."

Teta Subhiya ta cire tabarau ta ajiye. Ni na san wannan cire tabarau.

"Ya miƙe harshen."

"Ƙwarai."

"Allah Ya saka masa da alheri. Kai kuma wa ya aike ka?"

Ta ɗauki kaset ɗin ta sa fensir tana juyawa a hankali, zaren yana wucewa ta gaban idonta. Can wajen tsakiya ta tsaya. Wani ɗan salatif ne ya haɗe zaren.

"Wannan fa?"

"A'a, wannan ba komai ba ne. Da na gwada ta bayan gyara sai ta ɗan tauna zaren. Na yanke inda ya cukuikuye na haɗa, kamar yadda muke yi a da."

"Nawa ka yanke?"

Ya nuna daga gwiwar hannu zuwa kan yatsa. Kamu guda.

"Yana ina?"

Ya dubi ƙasa. "Teta, ai shara ce. Tun watan jiya."

Duk wanda ya tashi da kaset ya san wannan gyaran. A waƙa, kamu guda numfashin mawaƙi ne, ba mai lura. A nan kuwa layi-layi ne na darduma. Da ya bar shi a cukuikuye, da ta goge shi da bayan cokali mai ɗumi ta karanta abinta, na sha ganin ta yi. Garin gyaran gira aka taɓa ido.

"Tun yana yaro haka yake," in ji Nana Mevlida. "Ka ba shi agogo mai tafiya, ya dawo maka da shi a faranti."

"Mama, don Allah."

"Ni na haife ka, ni zan faɗa."

Suka koma ƙauye, Teta ta shiga aiki. A makon nan bututu ya sha cokali, na fi zama a kan benci fiye da riƙe ƙarfe. Tunda kunne ya fara ƙin ta, ido ta sa: takan shigar da ƙarar cikin sabuwar kwamfuta, ta fito a allo kamar haƙoran zarto, manya da ƙanana. In harshen ya dace da zaren, haƙoran sukan tsaya tsaf da kaifinsu. Waɗannan kuwa sun dakushe sun kwanta. Ta duba notin tsohuwar rikodar da gilashin ƙara girma, ta ga ragowar jan farce da ya tsage lokacin da mai gyara ya murɗa, ta mayar da notin har bakin tsagar ya haɗu da ɗan'uwansa. Haƙoran suka ɗan ɗaga kai, amma ba su tashi ba. Ta murɗa hagu, ta murɗa dama, ta gwada a rikodojinta duka. Shiru. Dutsen da ke bayan gari kuwa ya fara yin fari a ka.

Ta sa aka kira su.

"Zauna, ɗana. Kada ka gaya mini abin da ka naɗa. Gaya mini yadda kake naɗawa. A ina kake ajiye rikodar?"

"A kan tebur."

"A tsaye?"

"Eh... a'a. Kwantar da ita nake yi a rigingine. Ƙofar ba ta kamawa, in na tsayar da ita sai ta wangale."

"In ka kwantar sai ta rufu?"

"Ba sosai ba. Sai na danne ta da wani abu."

"Da me?"

Nedim ya sosa gemu yana kallon silin. Uwar ce ta daki cinya.

"Da abin niƙan gahawata, ɓarawo! Sanyi guda ina neman abina kowace safiya, ina zargin matar makwabci, ashe a ɗakinka yake kwana!"

Har Teta sai da ta yi dariya. Amma ba ta sake shi ba, sai da ya tuna cewa a kusurwar dama yake ɗorawa, don ya riƙa ganin zaren yana juyawa ta hagu. Ashe karkatar ba a noti kaɗai take ba. Kaset ɗin kansa a gicciye yake zama, gefe ɗaya a danne, ɗaya a sake. Mai gyara ya gyara ƙofar, ya tafi da karkatar.

Ta leƙo ta matakala ta ƙwala mini kira da laƙabin da ake ba mai sana'ar hannu. "Maistor Fehim! Zo da magagari ka ɓata mini wani abu."

"Rayuwata duk gyara nake yi, yau kuma ɓarna aka kira ni?"

"Ai na ga ayyukanka, makwabci. Ba sabon abu za ka yi ba."

Na goge maƙallin ƙofar har ya daina kamawa. Washegari Nana Mevlida ta hau benen nan da wani abu a naɗe cikin tawul. Abin niƙan ne, na tagulla, dogo, hannunsa ya suɗe don riƙo.

"Mevlida-hanuma, ai da ko guduma ma ta isa," in ji Teta, tana kiranta da laƙabin girmama mata.

"Wanda ya yi ɓarna shi zai gyara. Rediyo da wannan, su na ɗauko ranar. Marigayi maigidana yana ta ihu in ɗauki bargo."

Aka kwantar da rikodar a rigingine, aka ɗora abin niƙan a kusurwar dama. Teta ta danna. Ina tsaye a bayanta na ga haƙoran nan sun miƙe ɗaya bayan ɗaya kamar sahu ya ji iƙama.

Ba nan aikin ya ƙare ba. Inda zaren ya tsufa ya dushe, da ido ta bi, haƙori bayan haƙori, tana raba gajere da dogo, kwana da kwanaki. Abin da ya fito lambobi ne zube, Nedim kuma ya manta yadda ya jera su. Ta ba kowace lamba launinta ta watsa a allo, sai ga wani hargitsi a karkace kamar an kwaɓa fenti.

Nana Mevlida ta matso da kujera har hancinta ya kusa taɓa allon. "Kin matse ta. Dardumarmu ba siririya ba ce. Buɗa ta."

Teta ta riƙa ƙara faɗin gida-gida. Hargitsin yana juyawa, yana juyawa, sai kawai ya tsaya cak. Ja ya koma wajen ja, shuɗi wajen shuɗi.

Tsohuwar ta ɗaga lanƙwasasshen yatsanta ta ɗora a gilashin. "Ga ƙahon rago," in ji ta a hankali. "Ga kunkuru. Wannan koren, uwar mijina ce ta rina shi." Yatsan ya ci gaba da sauka, sai ya tsaya. A tsakiyar dardumar, daga gefe zuwa gefe, baƙin gurbi ne. Kamun da aka yanke.

Adon gefe ba matsala, maimaita kansa yake yi, Nana ta san yadda zai ratsa. Cibiyar ce ba ta da ta biyu. Abu ɗaya ne a wurin, sau ɗaya aka saƙa shi, kuma shi ne ya tafi kwandon shara a Malmo.

"Bishiya ce," in ji Nedim. "Na tuna, bishiya ce mai rassa."

"Buta ce."

"Mama, ni na ƙirga ta."

"Ni kuma na share ta shekara ashirin. Buta ce." Ta sake duban gurbin. "Ko fitila."

Abin da mutum ke takawa kullum ba ya kallonsa. Nedim ya juya wajen Teta, muryarsa ta sauya.

"Teta, ki cike mana. Kin ga sama, kin ga ƙasa, kin san hannun masu saƙar. Ki zana abin da ya dace, ba wanda zai sani."

"Zan iya zana maka bishiya, in zana maka buta, har da fitilar. Duk za su yi kyau."

"To ki zana."

"Ranar da aka shimfiɗa ta, jikokinka za su rantse da Allah haka ta dā take. Ni kuma ban ji haka a zaren ba."

"Ni na yanke, Teta." Ƙato kamar wannan, idonsa ya kawo ruwa. "Kada ki bar ni da wannan ramin."

Na ɗauka za ta yi laushi. Ta kama hannunsa ta riƙe, amma ta ce, "Kai ka yanke kamu guda. Kai kuma ka durƙusa sanyi guda ka ceci duk sauran. Da ba don kai ba, da duk allon nan baƙi ne. Abin da ka ba ni na mayar maka. Abin da ban ji ba, ba zan sa a bakin matattu ba."

Ya fizge hannunsa ya sauka ya zauna a mota. Teta ta buga hoton a manyan takardu, gida-gida yadda tsohon ido zai gani, gurbin yana nan yadda yake. Nana Mevlida ta naɗe su tare da abin niƙanta. A bakin ƙofa dai ta ce, "Kina da taurin kai, ƙanwata." Teta ta ce, "A wajen makwabcina na koya." Dusar farko ta sauka a makon.

Duk sanyin ba mu ji ɗuriyarsu ba, sai labari daga direban motar madara cewa an kafa masaƙa a ɗakin Nana, wasu mata biyu da suka dawo ƙauyen suna zama da ita, inda yatsunta suka gaza su ja mata zare tana faɗa musu. Teta ba ta tambaya, amma duk ranar da motar madara ta tsaya sai na ga labulenta ya motsa.

Da ƙanƙara ta narke aka aiko mu je. Ranar Juma'a na ɗauke ta a motar shago muka hau dutsen. An naɗe kafet ɗin kamfani an jingine a bango. Dardumar tana shimfiɗe daga gaban liman har tsakiyar masallaci, ja da shuɗi da kore, ƙahon rago da kunkuru, warin sabon ulu ya cika wurin. Adon gefe ya ratsa bai yanke ba. A cibiyar kuwa ba bishiya, ba buta, ba fitila. Farin ulu ne yadda ya fito daga jikin tunkiya, ba rini, ba ado.

Nana Mevlida tana zaune a bakin ƙofar mata, hannuwanta a naɗe da tsumma, ba ta ko iya riƙe carbi. Wani dattijo ya tsaya a kanta yana nuna farin da sanda.

"Mevlida, zare ne ya ƙare miki a nan?"

"Zare bai ƙare ba, Ragib. Abin da muka sani mun saƙa. Abin da ya tafi mun bar masa wurinsa."

Dattijon ya sauke sandar. A Javorak ba gidan da ba shi da wanda ya tafi ba a ga kabarinsa ba. Ya jingine sandarsa ya shiga.

Matan suka hau benensu, inda ake ganin dardumar gaba ɗaya, Teta a cikinsu. Nedim ya zo daga Malmo saboda ranar. Bai gaishe ta ba da muka iso. Da aka tayar da salla na ga ya ratsa mutane ya canza wuri, ya tsaya inda ya auna da ido. Ina sahun bayansa. Da muka yi sujada, goshinsa a kan farin ya sauka. Aka ɗago, shi bai ɗago da wuri ba.

Bayan an sallame ya jira ta a gindin matakalar mata, ya sunkuya ya sumbaci hannunta ya kai goshi, kamar yadda ake yi wa uwa. Ta ce masa, "In ka sake samun tsohon kaset fa?" Ya ce, "Ko ƙura ba zan hure ba, Teta."

Ke ce mai kunnen garinmu, Teta Subhiya. Ke ce kika zauna shekara da shekaru a ɗaki mai rufaffiyar taga kina sauraron abin da kowa ya ce hayaniya ce, har kika ji mutane a ciki. Kin ba da kunnenki a wannan aikin, ba wanda zai mayar miki da shi. Kin iya cike gurbi yadda ba mai ganewa, kika ƙi, kina kallon mutum yana kuka kika ƙi, don kin san daɗin yau ba ya biyan ƙaryar gobe. Nana Mevlida ba za ta sake saƙa ba, amma mata biyu a Javorak sun iya, dardumar kuma tana ƙarƙashin goshin mutanenta. Mun gode. Allah Ya ba ki lafiya, Ya sa abin da kika daina ji a nan ki tarar da mafi daɗinsa a can. Bututu zai yi shiru daga watan gobe, na kuma san hannuna zai riƙa kai wa makunnin inji yana jiran cokali.

Ku kuma da kuke karantawa, in kun tarar da tsohon kaset a kwalin takalmi, kada ku gyara rikodar, kada ku yanke inda ya cukuikuye, ku kai shi yadda yake ga wanda ya iya saurare. Rikodojinta tana neman mai haƙurin da zai gaje su, matakalar ba ta da tsawo. In kuma aikinku ba na kaset ba ne, ko walda ce, ko ɗinki, ko ba wa jikoki labarin abin da ya faru da mu, ku yi irin nata. Abin da kuka ji ku faɗe shi yadda yake. Inda ba ku sani ba, ku bar shi fari.